Rigobert Song, bangon Zakunan Kamaru

A wasan ƙwallon ƙafa, wanda jama'armu suka fi kira balo, mutum 11 ke tsayawa a kowane gefe, amma ba duka ake tunawa da su daidai ba. Wanda ya jefa ƙwallo cikin raga, shi ake ɗauka bisa kafaɗa, shi ne rediyo ke maimaita sunansa har dare. Mai tsaron baya kuwa aikinsa hani ne, abin da aka hana faruwa kuma ba ya da shaida. In ya tare abokin gaba sau 20 cikin wasa guda, ba wanda zai ƙirga masa. In ya kuskure sau ɗaya, ƙasa duka za ta riƙe ranar da mintin. Yau muna so mu kawo ma masu karatu tarihin ɗaya daga cikin manyan masu tsaron baya da Afirka ta haifa, watau Rigobert Song na ƙasar Kamaru. Ya ɗanɗani daɗin wannan aiki, ya kuma sha ɗacinsa a gaban idon duniya.

Yaro cikin manya

An haifi Rigobert Song Bahanag ran 1 ga watan Yuli 1976 a ƙauyen Nkenglikok, a kudancin Kamaru. Mahaifinsa ya rasu tun yana ƙarami. A birnin Yawunde ya yi suna, cikin ƙungiyar Tonnerre, wadda ta fitar da gwanaye irin su Roger Milla, kuma George Weah na Laberiya ya taɓa yi mata wasa. Song bai wuce shekara 17 ba aka kira shi cikin ƙungiyar ƙasa, wadda ake yi ma kirari da Zakunan da ba su horuwa. Wasansa na fari da rigar ƙasa ya yi shi cikin watan Satumba 1993, da ƙasar Meksiko.

A shekarar 1994 mai horar da ƙungiyar, Bafaranshe Henri Michel, ya tafi da shi gasar kofin duniya a Amurka. A cikin wannan tawaga akwai Roger Milla mai shekara 42, watau ya girme ma Song da shekara 24, tsakanin uba da ɗa ke nan. Ran 24 ga watan Yuni 1994 Kamaru ta kara da Birazil. Romário ya ci ƙwallo ɗaya kafin hutun rabin lokaci, amma Zakuna suka daure. A minti na 63 Song ya kai ma Bebeto shura, alƙalin wasa ya ɗaga masa jan kati. Ran nan saura mako guda ya cika shekara 18, ya zama mafi ƙanƙantar shekaru da aka taɓa kora daga fili a gasar kofin duniya. Hausawa sun ce sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Minti 10 bayan fitarsa, Birazil ta riga ta ƙara ƙwallo 2, wasa ya tashi 3 da 0. A wasan ƙarshe, wanda horo ya hana shi bugawa, Rasha ta ci Kamaru 6 da 1.

Yaro da yawa da irin wannan kunya ta same su a gaban duniya ba a sake jin ɗuriyarsu ba. Shi kuwa a wannan shekarar ce ƙungiyar Metz, a gabashin Faransa, ta ɗauke shi.

Makarantar Metz

Shekara 4 ya yi a Metz, kuma nan ne ya koyi sana'ar da gaske, ƙarƙashin mai horarwa Joël Müller, kusa da tsohon hannu Sylvain Kastendeuch. Ya kamata mai karatu ya san cewa tsaron baya ba ƙarfin ƙafa kaɗai ba ne. Dole mutum ya san inda zai tsaya tun ƙwallo bai iso ba, ya san lokacin da zai tari abokin gaba da lokacin da zai ja da baya ya jira taimako. Dole kuma ya riƙa magana da abokansa domin su tashi tare, su bar ɗan gaban abokan hamayya cikin satar gida. Song ya zo da ƙarfi, da tsalle, da zuciya. A Metz aka ƙara masa lissafi.

Metz ba ta cikin ƙungiyoyi masu dukiya a Faransa, amma a 1996 ta ci kofin Lig, bayan ta rinjayi Liyon da bugun penalti. A kakar 1997 zuwa 1998, tare da Robert Pirès a gaba, ta kusa zama zakaran Faransa. Ta gama da maki 68, daidai da ƙungiyar Lens, sai bambancin ƙwallaye ya ba Lens kofin.

A wannan shekara ta 1998 Faransa ta karɓi gasar kofin duniya. Kamaru ta yi kunnen doki da Ostiriya, Italiya ta ci ta 3 da 0, saboda haka sai ta ci Shili kafin ta wuce. An yi wasan a birnin Nantes ran 23 ga watan Yuni. Jim kaɗan bayan hutu, Song ya tashi sama tare da Marcelo Salas, gwiwar hannunsa ta sami fuskar Salas, alƙali ya sake ɗaga jan kati. Da mutum 10 Patrick Mboma ya rama ƙwallon da aka ci su, sa'an nan François Omam-Biyik ya jefa wani wanda alƙali ya soke, abin da mutanen Kamaru ba su yafe ba har yau. Wasa ya tashi 1 da 1, Shili ta wuce. Song ya zama mutum na fari da aka kora a gasar kofin duniya guda biyu dabam dabam. Sai a 2006 ya sami aboki cikin wannan lissafi, shi ne Zinédine Zidane.

Yawon neman wurin zama

Bayan gasar ya koma Salernitana a Italiya, bai daɗe ba. Cikin watan Janairu 1999 Gérard Houllier ya kai shi Liverpool a Ingila. Magoya bayan ƙungiyar sun so shi saboda ba ya ƙyashin gumi, amma sau da yawa a gefen dama aka sa shi, ba a tsakiya inda ya saba ba. Da aka sayo Sami Hyypiä da Stéphane Henchoz, su biyu suka riƙe tsakiyar, wurinsa ya ƙuntata.

Cikin watan Nuwamba 2000 ya koma West Ham a birnin Landan. Nan ya tarar da wani nauyi, domin ƙungiyar ta sayar da Rio Ferdinand ga Leeds a kan fam miliyan 18, jama'a kuma suna auna duk wanda ya zo bayansa da shi. Bai ji daɗin zaman ba. Aka ba da aronsa ga Kolon a Jamus, daga nan a 2002 ya komo Faransa, ga ƙungiyar Lens, wadda ta hana shi kofi shekara 4 da suka wuce.

Abin lura shi ne, a cikin shekarun nan da yake fama da zaman benci a Turai, a cikinsu ne ya yi manyan ayyukansa da rigar ƙasarsa.

Daren Legas

Gana da Najeriya suka haɗu suka karɓi gasar kofin Afirka ta shekarar 2000. Lokacin Song ya zama kapitan na Zakuna, yana da shekara 23. Ran 13 ga watan Fabrairu aka yi wasan ƙarshe a babban filin Surulere na Legas, tsakanin Kamaru da masu masauki. Samuel Eto'o da Patrick Mboma suka ci ƙwallo 2 tun kafin hutun rabin lokaci, fili ya yi tsit. Raphael Chukwu ya rama ɗaya gab da hutu, Jay-Jay Okocha ya rama na biyu da wani bugu daga nesa ana komowa. Aka ƙara lokaci, ba wanda ya ci, sai aka je bugun penalti.

Mai tsaron gidan Kamaru, Alioum Boukar, ya tare bugun Nwankwo Kanu. Na Victor Ikpeba ya bugi ƙarfen sama ya sauko ƙasa, alƙalin wasa Mourad Daami, ɗan Tunisiya, ya ce bai shiga ba. Hotunan telebijin sun nuna ƙwallon ya ƙetare layi, kuma wannan gardama ba ta mutu ba tsakanin maƙwabtanmu na kudu da mutanen Kamaru. Marc-Vivien Foé shi ma ya ɓarar da nasa. Saura bugu ɗaya, wanda in ya shiga kofi ya tafi Yawunde. Kapitan bai tura kowa ba. Mai tsaron baya, wanda cin ƙwallo ba aikinsa ba ne, shi ya aje ƙwallon, dubban mutane suna masa ihu, ya buga ya shiga. Kamaru ta ci 4 da 3, ta ɗauki kofinta na uku.

Mali 2002: wasa 6, ba ƙwallo ko ɗaya

In ana son ganin aikin masu tsaron baya a rubuce, to a duba gasar 2002 a ƙasar Mali. Ƙarƙashin Bajamushe Winfried Schäfer, sanye da riguna marasa hannu da suka jawo surutu, Zakuna suka ci Kongo Kinshasa 1 da 0, Kodebuwa 1 da 0, Togo 3 da 0, Masar 1 da 0, sa'an nan suka ci Mali 3 da 0 a gaban jama'arta a Bamako. Wasan ƙarshe da Senegal, ran 10 ga watan Fabrairu a filin 26 ga Maris, ya tashi babu ci har bayan ƙarin lokaci. Watau wasa 6 ke nan ba a jefa ma Kamaru ƙwallo ko ɗaya ba.

Aka sake zuwa penalti, kuma bugun da zai kawo kofi ya sake faɗo ma Song. Wannan karo mai tsaron gidan Senegal, Tony Sylva, ya tare. Da Aliou Cissé, kapitan na Senegal, ya ci nasa, da wasa ya ci gaba, wataƙila kuma da laifin ya hau kan Song. Amma Boukar ya tare bugun Cissé, Kamaru ta ci 3 da 2. Kapitan biyu suka ɓarar a jere, ɗaya ya ɗaga kofi, ɗaya ya koma da hawaye. Hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka ta zaɓi Song gwarzon gasar duka, abin da ba kasafai mai tsaron baya ke samu ba. Shi kuwa Cissé sai bayan shekara 20 ya ɗauki wannan kofi, yana mai horar da Senegal, a kuma birnin Yawunde.

A gasar kofin duniya ta 2002 an sa ma Kamaru rai ƙwarai, amma rigimar kuɗin alawus ta tsayar da ƴan wasa a birnin Pari, suka isa Japan a makare. Sun yi kunnen doki da Ailan, sun ci Saudiya, Jamus ta fitar da su da ci 2 da 0. Wannan darasi ne ga shugabannin wasanni a ko'ina cikin Afirka: gwanintar fili ba ta gyara ɓarnar ofis.

Rasuwar Foé

Ran 26 ga watan Yuni 2003, a filin Gerland na birnin Liyon, Kamaru tana wasan kusa da na ƙarshe da Kolambiya a gasar kofin nahiyoyi. A minti na 72 Marc-Vivien Foé ya faɗi a tsakiyar fili, ba wanda ya taɓa shi. Likitoci suka yi iyakar ƙoƙarinsu, rai ya yi halinsa. Yana da shekara 28. Bincike ya nuna ciwon zuciya ne, irin wanda naman zuciya ke yin kauri fiye da kima. Foé abokin Song ne tun suna samari, tare suka je Amurka a 1994, tare suka ɗauki kofin Afirka sau biyu.

A irin wannan rana ake sanin kapitan. Ƙungiyar ta yanke shawara ta buga wasan ƙarshe da Faransa bayan kwana 3, domin girmama mamacin. Song ya shigo fili yana riƙe da babban hoton abokinsa. Thierry Henry ya ci ƙwallon da ya raba gardama cikin ƙarin lokaci, amma da aka zo ba da kofi, kapitan na Faransa Marcel Desailly da Song tare suka ɗaga shi. Wannan mutuwa tana cikin abubuwan da suka sa hukumomin wasanni suka ƙara matsa a binciki zuciyar ɗan wasa kafin a sa shi gasa.

Babban sarki a Turkiya

A 2004 ya koma Galatasaray a birnin Istambul, nan ne kuma ya sami zaman da ya rasa a Ingila. Ya ci kofin Turkiya a 2005, ranar da suka lallasa abokan hamayyarsu Fenerbahçe 5 da 1, ya kuma zama zakaran ƙasar sau biyu, a 2006 da 2008. Magoya baya suka laƙaba masa suna mai ma'anar babban sarki. Daga 2008 zuwa 2010 ya yi wasa a Trabzonspor, a bakin Baƙin Teku, inda ya ƙara cin kofin Turkiya a 2010.

Minti na 77 a Akra

Yanzu mun zo ga ranar da mutane da yawa suka fi tunawa da shi. A gasar kofin Afirka ta 2008 a Gana, Masar ta ci Kamaru 4 da 2 a wasan fari a Kumasi. Zakuna suka farfaɗo, suka fitar da Tunisiya, suka fitar da Gana mai masauki da ci 1 da 0, suka sake haɗuwa da Masar a wasan ƙarshe ran 10 ga watan Fabrairu a birnin Akra. Masar ta fi su wasa ran nan, amma mai tsaron gida Carlos Kameni da masu tsaron baya suka toshe ƙofa fiye da sa'a guda.

A minti na 77 aka turo ƙwallo wajen Song. Maimakon ya watsar da shi nesa, kamar yadda ya yi sau dubu a rayuwarsa, sai ya so ya tsayar da shi. Mohamed Zidan ya manne masa, suka yi kokawa har suka faɗi, Zidan ya zura ƙafa ya miƙa ma Mohamed Aboutrika, wanda ya tarar da raga a buɗe. Masar ta ci 1 da 0, ta ɗauki kofinta na shida. Daƙiƙa kaɗan ne, amma sun isa wasu su manta da Legas, su manta da Bamako, su ce tsoho ya gaji, alhali shekararsa 31.

Gaskiya ne ya yi kuskure, ba kuma mai iya kankare shi. Amma adalci ya ce a tambaya: wa ya kawo ƙungiyar har wasan ƙarshe bayan kunyar Kumasi? Ɗan gaba yakan ɓarar da dama 5 ya ci ta shida, a yi masa tafi. Mai tsaron baya ba ya da wannan rangwame, domin bayansa ba kowa sai mai tsaron gida da raga.

Duniya rawar ƴan mata ce, na gaba ya koma baya. A 2009 sabon mai horarwa, Paul Le Guen, ya karɓe kambin kapitan daga hannunsa bayan wajen shekara 10, ya ba Samuel Eto'o, wanda ya shigo ƙungiyar yana yaro a bayansa. Song bai yi fushi ya bar ƙungiyar ba. Ya je gasar kofin Afirka ta 2010 a Angola, ya kuma je gasar kofin duniya a Afirka ta Kudu, inda ya zauna benci a wasa biyu na fari. Ran 24 ga watan Yuni 2010, a birnin Kap, aka sa shi cikin mintocin ƙarshe na wasa da Holand. Shekara 16 ke nan cif, rana bisa rana, da jan katin da ya samu gaban Birazil. Wannan shi ne wasansa na ƙarshe da rigar Kamaru.

Ga lissafin abin da ya bari: wasa 137 da ƙungiyar ƙasa, gasar kofin Afirka 8, daga 1996 zuwa 2010, inda ya buga wasa 36, kofin Afirka 2, kuma shi ne ɗan Afirka na fari da ya taka fili a gasar kofin duniya har 4.

Bayan ya rataye takalma

Ran 2 ga watan Oktoba 2016 ya faɗi a gidansa a Yawunde, jijiyar jini ta fashe a ƙwaƙwalwarsa. Ya yi kwana 2 bai san inda yake ba, aka ɗauke shi da jirgi zuwa Pari, inda aka yi masa aiki. Allah ya yi da sauran kwana, ya komo gida a 2017, jama'a suka tare shi kamar ya ciyo kofi.

Cikin watan Fabrairu 2022 aka naɗa shi mai horar da Zakuna, lokacin Eto'o ne shugaban hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasar. Bayan wata guda suka fitar da Aljeriya a birnin Blida da ƙwallon da Karl Toko Ekambi ya ci a minti na 124. Ran 2 ga watan Disamba 2022, a Katar, Kamaru ta ci Birazil 1 da 0, karo na fari da wata ƙasar Afirka ta yi haka a gasar kofin duniya, ko da yake nasarar ba ta isa ta wuce da su gaba ba. Vincent Aboubakar da ya ci ƙwallon ya tuɓe riga don murna, aka ba shi kati na biyu aka kore shi. Mutumin da ke tsaye bakin fili ya san ɗacin jan kati gaban Birazil tun shekara 28 da suka wuce. A watan Janairu 2024 Najeriya ta fitar da Kamaru daga gasar kofin Afirka da ci 2 da 0 a Abijan, bayan haka ba a sabunta masa kwantaragi ba.

Ya ku masu karatu, a filayen unguwa yara duka gaba suke son tsayawa, wanda aka tura baya kuwa gani yake an rena shi. Malaman lakwal da masu kula da ƙungiyoyin samari, ku ba su labarin wannan mutum, da jan katinsa biyu, da bugunsa na Legas, da kuskurensa na Akra, kada ku ɓoye ko ɗaya. Ku kuma tuna da Foé, ku nemi likita ya duba yaro kafin a sa shi gasa mai nauyi. Mu ƴan kallo kuwa, ranar da mai tsaron bayanmu ya kuskure, mu ƙirga abin da ya tare kafin mu buɗe baki. Allah shi jiƙan waɗanda suka riga mu, shi ƙara ma Song lafiya.